Labarin Samanja Mazan Fama, da Yadda Hausar Bariki ta Shiga Gidajen Mutane

Ran 12 ga watan Nuwamba na shekarar 2023, wanda ya yi daidai da ƙarshen watan Rabi'ul Sani na 1445, Allah ya karɓi ran Alhaji Usman Baba Pategi a Kaduna, yana da shekara 81 a duniya. Da a ce da wannan suna kaɗai aka yi shelar rasuwar, da mutane da yawa sun yi masa addu'ar da a ke yi wa kowane mamaci, sun ci gaba da sha'aninsu. Amma da aka ce Samanja ne, Samanja Mazan Fama, sai ka ga dattijo a bakin rumfarsa ya ajiye mudu ya yi salati, sa'an nan murmushi ya suɓuce masa tun bai gama jimami ba. Haka abin ya kasance a garuruwan Arewa, har da ƙetaren iyaka, duk inda muryar Rediyon Kaduna ta ke kaiwa a da.

Abin da zai fara ba mai karatu mamaki shi ne, mutumin nan da ya shafe shekaru yana sa Hausawa dariya da harshensu, shi ba Bahaushe ba ne. Banufe ne, an haife shi cikin 1942 a Pategi, wadda yanzu ta ke cikin Jihar Kwara, kuma ɗan gidan sarauta ne, gidan Etsu Pategi, waɗanda ke jan salsalarsu zuwa ga Tsoede, wanda ya kafa daular Nufe. Garin yana bakin kogin Kwara ta kudu, kusa da inda kogin Kaduna ya ke zuba ruwansa. Watau ruwan da ya ratsa ƙarƙashin gadar Kaduna, in ya gama tafiyarsa, a ƙofar gidan su Usman ya ke sauka. Shi kuwa sai ya bi ruwan ya hauro. Ya yi elementare a garinsu, ya yi midil a Ilori, kana ya zo Kaduna wurin wani ɗan'uwansu, ya sami aiki a ma'aikatar ayyuka ta Gwamnati, wajen ajiyar kayan injuna. Daga nan ne ya koma gidan rediyo.

Wanda bai san yadda aka kafa Kaduna ba, ba zai gane abin da ya sa Samanja ya fito daga cikinta, bai fito daga Kano ko Katsina ba. Kano da Katsina da Zazzau birane ne na kaka da kakanni, masu ganuwa da ƙofofi da marina da zaurukan karatu. Kaduna kuwa a takarda Turawa suka fara zana ta. Gwamna Lugga ne ya zaɓi wurin sabo da ruwa da hanyar jirgin ƙasa, aka taso da mazaunin Gwamnatin Arewa daga Zungeru cikin 1917, kuma kafin akawuna su iso da takardunsu, soja sun riga sun kafa barikinsu. Tun daga ran nan garin bai rabu da kaki ba. Ga Jaji a kan hanyar Zariya, ga Zariya kanta inda a ke horar da kurata, ga makarantar horar da hafsoshi da aka buɗe a Kaduna cikin 1964, ga hedkwatar runduna ta ɗaya, ga asibitin soja na 44 wanda ba shi da nisa da Badikko da Unguwar Sanusi. A waɗannan unguwanni, da Tudun Wada da Tudun Nufawa, da wuya a sami layin da ba tsohon soja a ciki, ko mai kanti da ke bin wani kofur bashin sukari da sabulu zuwa ƙarshen wata. Mutumin Kaduna yana jin begilar asuba kamar yadda mutumin ƙauye ya ke jin carar zakara.

To, mene ne samanja? Kalmar daga sajan-manjo na Turawa aka laƙwaso ta, kamar yadda aka laƙwaso saja da kofur da kurtu da hafsa da fareti da bariki. Samanja shi ne babba a cikin sojan da ba hafsoshi ba. Ba shi ke yanke shawarar yaƙi ba, amma shi ke tsaye tsakanin hafsa da ƙananan soja, kamar yadda bafade ya ke tsaye tsakanin sarki da talakawa. Shi ya san wanda takalminsa bai sha gogi ba, da wanda ya kwana a gari ba izini, da wanda ya yi faɗa da matarsa har maƙwabta suka ji. Hafsoshi kan zo su wuce, a ɗauke wannan a kawo wancan, samanja yana nan. A zamanin Turawa akan sami yaro Bature da ya fito makaranta jiya-jiya, a ba shi jagorancin mutanen da suka haife shi, to in yana da hankali sai ya riƙe samanja da kyau. An yi samanjoji da sunansu ya shiga tarihi. Mafi shahara shi ne Cari Maigumeri, mutumin Barno, wanda ya fara yi wa Jamus aikin soja a Kamaru, Ingilishi suka kama shi a Garwa cikin 1915, daga baya ya shiga rundunarsu, ya yi yaƙin Habasha da na Bama lokacin yaƙin Hitila, ya ajiye aiki cikin 1953 aka girmama shi da muƙamin kyaftin. Barikin soja na Lakwaja sunansa ya ke ɗauke da shi.

Su waɗannan mutane suna da harshensu. Tun 1863, sa'ad da wani hafsan jirgin ruwa na Ingila mai suna Gulofa ya tara wata 'yar runduna a Ikko wadda aka riƙa kira Hausawan Gulofa, Hausa ta zama harshen soja a wannan yanki. Da aka kafa rundunar Afirka ta Yamma cikin 1897 abin ya ɗore, har ya zama Baturen da aka turo aikin soja sai an jarraba shi da Hausa. Amma fa mafi yawan waɗanda ke shiga soja ba da Hausa suka buɗe baki ba. Akwai Dakarkari da Zabarmawa da Barebari, akwai Tibi da Angasawa da Bacama da Tangale, ga kuma Bature a sama yana karya tasa. Kowa ya zo da harshen uwarsa ya zuba cikin tukunya ɗaya, abin da ya dahu shi a ke kira Barikanci. A cikinsa ba ruwan mai magana da bambancin namiji da tamace, sai ka ji an ce yarinya ya zo, ko mata na ya tafi kasuwa. Ba ruwansa da bambancin ƙaf da kaf lasan, balle na ɗa mai hannu da dal, sabo da haka baki da baƙi duk ɗaya ne a wurinsa, haka kuma ɗaki da daki. Sa'an nan ga kalmomin Turanci an tauna su an cusa a tsakiya. Malamin da ya saba gyara wa almajiri mafitar harafi, in ya ji wannan, sai ya ji kamar ana kartar kwano da ƙusa. Duk da haka da wannan harshe aka yi fareti, aka yi ciniki a kasuwar bariki, aka yi aure, aka yi wasiyya a dajin Bama.

Gidan rediyon da Usman ya shiga sabo ne a lokacin. Gwamnatin Jihar Arewa ta Sardauna ce ta kafa shi cikin 1962, rediyo da talabijin tare, shekara uku bayan Ibadan ta buɗe nata talabijin. Wasan kwaikwayo kuwa ya riga gidan zuwa. An buga Wasan Marafa na Abubakar Tunau tun 1949, Shu'aibu Maƙarfi ya fitar da Zamanin Nan Namu cikin 1959, ya bi shi da Jatau Na Kyallu, 'yan makaranta suna hawa dandali suna yin su ranar ba da kyaututtuka. Motar majigi kuma tana zaga garuruwa, a kafa farin ƙyalle a ƙofar fada bayan isha, a nuna irin su Baban Larai don koya wa manoma noman auduga. Abin da rediyo ta ƙara shi ne ta shigar da wasan har cikin ɗaki, inda matan kulle su ke, ta kuma kai shi rugar Fulani da rumfar mahauta a lokaci guda. A nan Usman ya haɗu da irin su Yusuf Ladan, mai Zaman Duniya Iyawa Ne, da Mamman Ladan da Idi Jibrin, mutanen da a ke lissafawa cikin waɗanda suka aza harsashin wasan kwaikwayon Hausa na rediyo da talabijin. Rediyo kuwa makaranta ce mai tsanani ga ɗan wasa. Ba a ganin fuskarka, ba a ganin rigarka, ba ka da abin da za ka nuna fushi ko tsoro ko wauta da shi sai murya. Wanda ya ƙware a nan, in aka kai shi gaban na'urar ɗaukar hoto, ya riga ya ci rabin aikin.

Ana cikin haka ƙasa ta rikice. Daren 15 ga Janairu 1966 soja suka kashe Sardauna a gidansa a nan Kaduna, aka kashe Firayim Minista Abubakar Tafawa Ɓalewa a Ikko, mulki ya koma hannun masu bindiga. Cikin Yuli 1967 yaƙin basasa ya ɓarke, bai ƙare ba sai Janairu 1970. Rundunar da ba ta fi mutum dubu 10 ba kafin yaƙi, ta kumbura ta kai wajen dubu 250. Cikin samarin da suka amsa kira har da Usman Baba Pategi. Ya bar gidan rediyo ya sa kaki, aka kai shi makarantar sigina ta Apapa a Ikko, inda a ke koyar da aika saƙon soja ta waya da ta iska. Ashe bai yi nisa da sana'arsa ba, daga magana cikin wani akwati ya koma magana cikin wani. A nan ya zauna da samanjojin gaske, ya sha tsawarsu, ya ga yadda su ke taka ƙasa, da yadda su ke maƙale sanda a hammata, da yadda murya kan sauko in hafsa ya ɓullo. Wani in ya sha irin wannan horo, abin da zai fito da shi ƙullaci ne. Shi kuwa ajiya ya riƙa yi.

Cikin farkon shekarun 1970 aka fara nuna Samanja Mazan Fama a talabijin na Kaduna, ana kuma jin sa a rediyo. Tsarin wasan ba shi da wuyar faɗi. Bariki ne, ga Samanja da kakinsa da tsawarsa, ga matarsa wadda ita ma Bariki a ke ce mata, ga yaronsa na aiki mai suna Mutuwa Dole, ga sauran soja da farar hula da sha'anin yau da gobe ya ke haɗa su da shi. Sunayen kansu sun isa dariya, gama wanda ya san bariki ya san haka a ke laƙaba wa mutane suna a can, har na yanka ya ɓace. A zamanin nan akwatin talabijin ba kowane gida ba ne, baƙi da fari ne kuma. Mai hali a Unguwar Sanusi ko Tudun Wada kan fito da nasa tsakar gida ko zaure, yara su cika ƙasa, manya su tsaya daga baya kamar wucewa su ke yi, alhali ba inda za su. Da wasan ya bunƙasa, wajen ƙarshen shekarun 1980, aka ɗauke shi ana nuna wa Nijeriya duka, aka ƙara masa Turancin buroka don mutanen Kudu su fahimta. An sami masu kallo da yawa da wannan, amma wanda ya san wasan tun yana na Hausa zai ce an sirka fura da ruwa don ta ishi baƙi.

A nan ya kamata a tsaya a dubi gwanintar, domin mutane da yawa sun ɗauka karya harshe abu ne mai sauƙi. Ba haka ba ne. Kowa na iya ɓata magana, amma ɓata ta bisa ƙa'ida, yadda tsohon soja zai ji ya ce lalle haka samanjanmu ya ke yi, wannan sai wanda ya riƙe harshen biyu, ingantaccen da karyayyen, ya san inda suka rabu. Barikanci yana da nasa nahawu. Akwai harafin da a ke sauyawa, akwai wanda ba a taɓawa, akwai inda kalmar Turanci ta ke shiga, akwai inda in ta shiga an yi ƙarya. Misalinsa kamar ɗan kama ne. Ɗan kama ba ya iya kwaikwayon malami yana jan baƙi da fassara, ya mai da zancen duka na tuwo da miya da nama, sai ya zauna kusa da malamai ya sha karin muryarsu, ya san inda a ke ja da inda a ke tsayawa. In bai sani ba, ba wanda zai yi dariya, malaman da ke wurin su ne za su fara tashi. Usman ya kan sauya harshe a tsakiyar zance, ya fito daga Hausa sosai ya faɗa ta bariki, ya koma, gwargwadon wanda ya ke magana da shi da abin da ya ke so a wurinsa. Wannan sauyi shi ne gishirin wasan. Kuma da ya ke shi kansa da koyo ya sami Hausa, kunnensa ya fi na ɗan gado jin inda baƙo ya ke tuntuɓe, gama ya taɓa bin hanyar da ƙafarsa.

Kwaikwayon harshen wani ba baƙon abu ba ne a ƙasar Hausa. Yaran da ke tashe daga goma ga watan azumi suna yin Macukule, suna kwaikwayon Hausar Bagwari, suna yin Jatau Mai Magani da Tsoho da Gemu, a ba su hatsi ko kwabo. Akwai kuma wasan da ke tsakanin ƙabilu da garuruwa, irin na Fulani da Barebari, da Kanawa da Zagezagi, da Katsinawa da Nufawa, inda a ke faɗa wa juna abin da in wani ne ya faɗa sai an kai ga alƙali. Amma a lura, duk waɗannan ko dai tsara ne ke wasa da tsara, ko kuwa mai gari ne ke wasa da baƙo. Abin da Samanja ya zo da shi dabam ne: ya sa talaka dariyar mai bindiga, a lokacin da mai bindiga ke mulki.

Mai karatu ya lissafa da kansa. Daga 1966 zuwa 1979 soja ke riƙe da ƙasa. Suka ba farar hula shekara huɗu da 'yan watanni, suka karɓe a ranar ƙarshe ta 1983, ba su sake ta sosai ba sai 1999. Ke nan mafi yawan rayuwar wasan nan a ƙarƙashin mulkin soja aka yi ta. Fatake da direbobi sun san abin da shingen hanya ya ke nufi a shekarun nan, 'yan kasuwa sun san zamanin yaƙi da rashin ɗa'a na 1984, da layin sayen madara da sabulu, da tsallen kwaɗo, da bulala. Mutum ya wuni yana kauce wa kaki a hanya, da dare ya zauna ya ga kakin nan a cikin akwati, ya ga ashe shi ma mai kakin yana da cefane a kansa, yana da na gaba da shi da ya ke rawar jiki a gabansa, yana da yaron da ke juya masa umurni a baibai, kuma duk tsawar da ya ke yi a filin fareti ba ta hana a mayar masa da magana a cikin gida. Tsoro ba ya fita daga zuciya da wannan, amma ya kan ragu har mutum ya iya duban abin da ya ke tsoro. Su kuma soja ba su ɗauki abin da zafi ba, suna cikin masu son wasan ƙwarai, domin sun san nasu ne, ya ci tuwon bariki, ba daga waje ya leƙo yana yi musu dariya ba. Da wani farar hula ne ya sa kakin nan ya yi rabin abin da Usman ya yi, Allah kaɗai ya san inda zai kwana. Ta wannan ƙofa ya riƙa shigar da gyara, wa soja game da zama da jama'a, wa jama'a game da halin da soja ke ciki. Ba za a ce wasan ya taɓa manyan da ke bisa kujera ba. Bai taɓa su ba, iyakarsa bariki da kewayenta, kuma da ya haura nan da bai yi tsawon rai ba.

Akwai malaman da ba su sake jiki da sana'ar nan ba tun farkonta, kuma uzurinsu ba na banza ba ne: suna gudun ƙarya, da izgili, da shagala. Amma mas'alar tana da fuska fiye da ɗaya, kuma tana cikin littattafan da ke zaurukansu. Muƙamatul Hariri, wadda ɗalibi ba ya cika masanin lugga a ƙasar nan sai ya sauke ta, muƙama hamsin ce a kan Abu Zaidin Saruji, mutumin da bai taɓa rayuwa ba, wanda yau zai fito a shigar mai wa'azi, gobe a shigar makaho, jibi a shigar mai ƙara gaban alƙali, Harisu ɗan Hammamu yana gane shi yana ba da labari. Hariri, mutumin Basra, ya rasu cikin 516 na Hijira, kuma tun a gabatarwar littafin ya kare kansa daga masu cewa ƙirƙirar labari laifi ne. Abin da a ke dubawa shi ne ko an nufi wani mutum sananne da tozarci, ko kuwa hali ne aka ɗauko aka sa masa riga don a gan shi. Samanja ba samanja wane na bataliya kaza ba ne. Duk samanjoji ne, kai, har da waɗanda ba su taɓa sa kaki ba, gama akwai samanja a kasuwa, akwai shi a tashar mota, ana samunsa jefi-jefi har a makarantar allo.

Ba ƙasar nan kaɗai aka yi irin wannan ba, kuma kwatanci zai ƙara fito da abin. A Faransa an yi wani ɗan wasa mai suna Luwi da Funes, wanda aka haifa cikin 1914 kusa da Faris, iyayensa mutanen Sifen ne da suka yi ƙaura. Ya daɗe yana kaɗa molon Turawa mai haƙora a gidajen shaƙatawa da dare, yana karɓar ƙananan matsayi a finafinai fiye da ɗari, ba wanda ya damu da sunansa. Dandali ne ya fara ɗaga shi, da wani wasa mai suna Oskar da ya fara yi cikin 1959. Sai cikin 1964, yana da shekara 50, ya fito a matsayin wani sajan jandarma na garin San Tirofe, mai zafin rai, mai danne na ƙasa da shi, mai lanƙwasa kamar kara in ya ga ajidan ɗinsa. Faransawa suka ga jandarman da ke tare su a hanya, suka yi ta dariya, har aka yi fim shida a kan wannan saja, na ƙarshe cikin 1982, shi kuma ya mutu cikin Janairu 1983. Wani fim nasa na 1966, a kan zamanin da Jamus ta mamaye ƙasarsu, mutum fiye da miliyan 17 suka biya kuɗi suka kalla a Faransa, ba a wuce wannan adadi ba sai bayan shekara talatin da 'yan kai. Bambancinsa da Usman shi ne, shi jandarman aro ne, kuma yana wasansa a ƙasar da farar hula ke mulki, ba abin da zai same shi.

Wanda ya fi kusa da Usman a rayuwa yana nan maƙwabta, a Nijar. Umaru Ganda, Bazabarme, an haife shi a Yamai cikin 1935, ya shiga sojan Faransa yana yaro, aka kai shi yaƙin Indocin a gabashin Asiya. Da ya dawo bai sami aiki ba, ya gangara Abijan yana dako a tashar jiragen ruwa. Can wani Bafaranshe mai ɗaukar fim, Jan Rush, ya gamu da shi ya sa shi a fim ɗinsa na 1958, inda Ganda ya ba da labarin wahalarsa da bakinsa. Daga baya ya koma gida ya zama mai shirya fim da kansa. Cikin 1969 ya fitar da Kabaskabo, labarin tsohon soja da ya dawo daga yaƙi da 'yan kuɗinsa, abokai da mata suka taya shi cinyewa, suka watse. Cikin 1972 wani fim nasa ya ci babbar kyautar bikin finafinan Afirka na Wagadugu, shi ne na farko da aka taɓa ba wa ita. Soja biyu ke nan, kowa ya fito bariki da abin da ya gani. Ganda ya ɗauko baƙin cikin, Usman ya ɗauko abin dariyar, kuma duk wanda ya zauna da 'yan mazan jiya wajen karɓar fansho ya san su biyun gaskiya suka faɗa.

Cikin 1990 ƙungiyar Tumbin Giwa ta Kano ta fitar da Turmin Danya a kaset na bidiyo, kasuwar finafinan Hausa ta buɗe, ta koma Kano, ta koma hannun samari da 'yan kasuwa, soyayya da waƙa irin ta Indiya suka cika ta. Masu ban dariya na sabon zamani, irin su Rabilu Musa Ibro wanda ya rasu cikin 2014, sun gaji abu da yawa daga na farko, musamman sauya harshe da shiga rigar wata sana'a ko wata ƙabila. Amma mutanen rediyo da talabijin na Gwamnati ma'aikatan albashi ne, ba su da kaso cikin abin da suka yi, ba kaset nasu da a ke sayarwa a kasuwa da zai riƙa kawo musu wani abu bayan ƙarfi ya ƙare. Suka yi suna wanda ya fi na attajirai, suka tsufa da abin da ma'aikaci ya ke tsufa da shi. Ƙasimu Yero na Karambana da Magana Jari Ce, abokin zamaninsa a Kaduna, ya riga shi tafiya cikin Satumba 2017.

Sauran magana ita ce ta ajiya, kuma ita ce mai ciwo. Umaru Ganda ya rasu ran 1 ga Janairu 1981, yana da shekara 45 kacal, amma akwai babban gidan al'adu a Yamai da sunansa, akwai kyauta da sunansa a bikin Wagadugu, an kuma gyara Kabaskabo ana nuna shi. Faransawa sun mai da tsohon ofishin jandarma na San Tirofe gidan tarihi cikin 2016, sun buɗe wani da sunan Luwi da Funes a garin San Rafayel cikin 2019, kuma tun 1975 suna da hukuma wadda aikinta adana abin da rediyo da talabijin suka watsa. A zamanin da aka fara Samanja kuwa faifan ɗaukar hoto yana da tsada, gidajen talabijin a ƙasashe da yawa, har da BBC ta Ingila, sukan goge tsohon shiri su ɗora sabo a kansa, ga kuma zafi da ƙura da laima da ke cin wanda ya tsira. Abin da matasa ke gani na Samanja a yau guntaye ne da ke yawo a wayoyin hannu da YouTube, hoto dishi-dishi, murya na shaƙewa. Barikancin da ya kwaikwaya shi ma yana ja da baya, gama sojan yanzu ɗan makaranta ne, da Turanci da buroka ya ke fareti, tsofaffin da suka yi Bama kuwa ƙasa ta rufe kusan dukansu. Mai neman sanin yadda sojan Arewa ya yi magana daga zamanin Cari Maigumeri zuwa yaƙin basasa, faya-fayan nan na Kaduna suna cikin shaidu kaɗan da suka rage masa, in an same su. Gidan Arewa, tsohon gidan Sardauna da aka mai da ma'ajiyar tarihi ta Jami'ar Ahmadu Bello, yana nan cikin garin, haka kuma ma'ajiyar takardun Gwamnati ta ƙasa, inda a ke adana rubuce-rubucen ajami da na Larabci na malaman da suka shuɗe. Daga kowannensu zuwa gidan rediyon da Usman Baba Pategi ya yi aiki, tafiyar 'yan mintoci ce a mota.